Mai Zakara, Maganin Fukar Babana

Babana ladan ne, kuma yana da ciwon fuka. Duk wanda ya ji waɗannan abubuwa biyu a jere ya san akwai magana. Shekara talatin da ɗoriya yana kiran sallah a tsohon garinmu, har ruwan Tiga ya zo ya shanye garin, da masallacin, da tsamiyar da ke ƙofarsa. Aka kwaso mu aka zube a wani fili cikin ƙasar Bebeji, aka ce ga sabon gari. An ba shi wata gona, ya gina wani gida, amma bai taɓa ɗaukarsu nasa ba. Abu ɗaya da ya taho da shi daga can bai canja ba shi ne kiran sallar nan. Lokacin ba mu da lasifika. Ladan matakalar ƙasa yake hawa a jikin masallaci, ya toshe kunne, ya yi da ƙirjinsa.

Sabon garin dab da ruwa yake, ga laima ga sanyi, sai fukar ta samu wurin zama. In damina ta yi nisa, daga zaure kana jin ƙirjinsa yana kuka. Abin da ya riƙe shi wasu ƙwayoyi ne farare ƙanana, cikin ɗan gwangwani da bai kai tafin hannu ba. A jikin murfin akwai hoton jan zakara ya miƙe wuya. Wani dattijo mai kemis a Tudun Wada, tsohon malamin asibiti, shi ke sayar da su. Baba zai haɗiyi ɗaya da ruwan buta, ya zauna kaɗan, hannunsa ya ɗan yi rawa, zuciyarsa ta ɗan buga, sannan ya hau matakala ya ja kira har masu kamun kifi su ji daga tsakiyar ruwa.

A wajenmu babu mai sayen magani da sunan da aka rubuta a jikinsa. Wa zai karanta? Da kala ake saye, ko da hoto. Akwai ja-da-rawaya, akwai ɗan-kwalba, akwai mai-hannu-a-kugu na ciwon baya. Na Baba kuwa Mai Zakara ne. Kuma mutanen garinmu ba su ɗauki hoton nan a matsayin ado ba. Sun yi ittifaƙi cewa masu yin maganin sun san aikinsu: zakara ne ke tada gari, ladan ne ke tada gari, saboda haka wannan magani na ladanai ne aka yi. Liman da kansa ya taɓa cewa ikon Allah ne a ce mutanen da ba sa sallah sun zauna sun yi wa masu kiranta tanadi.

Daga nan sunan ya fita daga gwangwani ya shiga gari. Matar da ta ɗaga murya kan maƙwabciyarta, sai a ce yau ta sha Mai Zakara. Rediyon da aka sa wa sabon batir ya sha Mai Zakara. Yajin da ya sa ka atishawa har hancinka ya buɗe, Mai Zakara ne. Jaririn da ya hana unguwa sakat da kuka, sai a tambayi uwarsa ko ta ba shi rabi.

Ni abin nan yana ƙona min rai. Na gama makarantar horon malamai kenan, an ba ni aji a Bebeji, ina da keke, ina da biro biyu a aljihun gaba, ina jin duk jahilcin ƙasar nan a wuyana aka rataye shi in kawar. Ran Juma'a da yamma nake zuwa gida, in koma ran Lahadi. Maganin yana da sunansa na Turanci, dogo, a ƙarƙashin ƙafar zakaran, kuma na sa mai kemis ya warware min shi. Ya ce suna biyu ne aka haɗa: na gaba yana nufin ƙananan hanyoyin da iska ke bi cikin ƙirji, na baya yana nufin sassautawa. Zakaran kuwa tambarin kamfani ne kawai, ko ƙusa suka yi shi za su buga. Na kwaso wannan ilimi da zafinsa na kawo gida, na zazzage wa Baba yana gyaran igiyar guga.

Bai ɗago kai ba. Ya ce, “Sunan da sai an je Tudun Wada an tambayo ma'anarsa, ai ba suna ba ne.”

Shekara biyu da zuwanmu sabon gari, na je sayen maganin kamar kullum, mai kemis ya girgiza kai. Ya ce an daina yin sa. Likitoci sun ga yana wahalar da zuciya, an samu wanda ya fi shi, kamfani ya rufe babinsa. Ya ɗauko wani ɗan abu shuɗi mai lanƙwasa, ya ce wannan ne sabon, a baki ake sa shi a danna a shaƙa. Ya gwada min yadda ake yi har sau uku. Na dawo gida ina ta taka keke da alfahari, ga ni ɗauke da ci gaba.

Baba ya juya shi sama da ƙasa. Ya duba gaba, ya duba baya.

“Ina zakaran?”

Na ce babu.

“To, me ke jikinsa?”

Na ce rubutu.

Ya miƙa wa Inna, ya ce ta ajiye a kan kwanukanta, in yara suna son abin busa ga shi nan.

Ragowar ƙwayoyin ya riƙa raba su biyu, daga baya huɗu, har ya koma lasar garin da ke gindin gwangwani. Ni kuwa kowace Asabar ina kan keke, ina zagin kaina ina neman maganin da na san babu. Na je Kiru, na je kasuwar Dangora, na bi masu tallan magani a faifai har Ɗansoshiya. Kowa sai ya ce, “Mai Zakara? Wallahi jiya-jiyan nan na sayar da na ƙarshe.” Wani ma ya ce in dawo mako mai zuwa, ɗan'uwansa zai taho da shi daga Kano. Na koma sau biyu, ɗan'uwan yana hanya.

Wata Laraba da azahar, ba na nan aka ba ni labari, Baba ya hau matakala ya fara kira, ya kai tsakiya numfashi ya ƙare. Ya tsaya hannu a kunne, baki a buɗe, ba abin da ke fita sai ƙara. Wani saurayi masunci da ke alwala a ƙasa, mai murya kamar an buga ganga, shi ya ƙarasa kiran daga inda yake tsugune. Bayan sallah liman ya ja Baba gefe cikin girmamawa, ya ce, “Malam ladan, ga azumi ya matso. Ko za ka ɗan huta, yaron nan ya riƙe maka?” Baba ya ce hutun ladan a kabari yake. Amma duk gari an san in abin ya sake faruwa, matakalar ta zama ta masuncin.

A nan Baffa ya shigo maganar. Ƙanen Baba ne, mutum mai fara'a da saurin gamsuwa. Da manomi ne, ruwa ya ci gonarsa, sai ya ce shi ma zai ci ruwan, ya koma bandar kifi yana kai wa kasuwar Doguwa. A can ya ga abin da ni mai biro biyu na kasa gani. Ya dawo ran Litinin ya ajiye wa yayansa gwangwani, ba ƙarami ba, kusan girman na madarar gari. A jiki ga jan zakara ya miƙe wuya, ya fi na da ƙiba, a bayansa kuma kaji uku.

“Yaya, wancan da kake sha ƙanen ne,” in ji Baffa. “Wannan ne babban. Duba, har da iyalinsa.”

Ƙwayoyin ciki rawaya ne, manya, masu wani irin wari. Baba ya ce ƙarfi ne ya sa su wari. Ya fara sha safe da yamma. Kwana huɗu yana hawa matakala da kuzari, kiran yana fita guntu-guntu amma yana kaiwa ƙarshe. Ban san ko sauƙin ruwan sama ne da aka samu a makon ba, ko kuwa ganin zakaran kaɗai ya isa.

Ran Juma'a bayan la'asar na iso. Dattawa suna kan tabarma a ƙofar gidanmu, liman a tsakiya, gwangwanin yana yawo hannu zuwa hannu ana yaba shi. Na jingine keke, na durƙusa na gaida su. Liman ya miƙo min, ya ce, “Madalla, ga malamin makaranta. Karanta mana, mu ji abin da suka ce game da wannan babban.”

Na duba. Layin farko ya ishe ni. Abin da ya kamata in yi na san shi yanzu, kuma wallahi a lokacin ma na san shi: in ce rubutun ƙanana ne, sai na shiga ciki na duba a natse, in ja Baba gefe. Amma wata uku ina taka keke a banza, shekara biyu ana yi min kallon mai surutu, ga shi yau Allah ya kawo min aji cike da furfura. Sai na miƙe tsaye. Na gyara murya yadda nake yi wa 'yan aji huɗu.

Na ce, “Wannan maganin kaji ne.”

Ni kuwa maimakon in tsaya nan, na ci gaba, layi bayan layi, ina fassarawa. Yana ƙara wa kaji kuzari. Yana gyara gashi. Yana sa su yawaita ƙwai. A jiƙa ƙwaya ɗaya a ruwan sha, ta ishi kaji ashirin.

“Ashirin?” in ji Baffa. Ya ƙirga da yatsu. “Yaya kuwa biyu yake sha a rana.”

Wanzamin garinmu ne ya fara dariya. Ya yi ƙoƙarin riƙewa, ta kufce masa ta hanci. Daga nan tabarma ta rikice. Wani tsoho ya kwanta a gefe yana riƙe da ciki. Liman ya rufe baki da gefen rawani, kafaɗunsa suna rawa. Wanzamin ya share hawaye ya ce, “Malam ladan, in an fara sakawa, don Allah a tuna da maƙwabta.” Ni ma na yi dariya. Na fi kowa ma, don ni na ci.

Baba ya miƙe. Ya jawo takalmansa, ya sa, ya shiga gida. Da magariba ta yi, masuncin ne ya hau matakala.

Washegari yara suka samu abin yi. Baba ya fito zai zaga gona, suka bi shi daga nesa suna cara. Ya juyo ya koma ciki. Daga ranar bai sake fita ba sai sallah, ya tsaya a sahun baya, a sallame ya riga kowa fita. Maganin bai yi masa komai ba. Na je har Tudun Wada na tambaya, mai kemis ya ce abin ƙarin kuzari ne kawai, ba ya cutarwa, bayan shi ma ya gama tasa dariyar. Abin da ya kwantar da Baba ba a gwangwani yake ba.

Inna tana tankaɗe ta kira ni. Ba ta ɗaga murya ba.

“Kai, zo nan. Da aka koya maka karatu, ba a koya maka inda ake yin shiru ba?”

Na ce ai gaskiya na faɗa, da an bar shi ya ci gaba da shan maganin kaji fa?

“Gaskiyar ba ta san hanyar cikin gida ba ne, sai a bakin titi? Mutumin nan gari ya tafi, gona ta tafi, kabarin iyayensa yana ƙarƙashin ruwa. Matakala ɗaya ta rage masa, ka tsaya gaban mutane ka janye ta.”

Na koma Bebeji ran Lahadi. Makon nan ban koyar da abin kirki ba. Kunya ce ta kama ni, irin wadda ke tashinka daga cin abinci. Ran Alhamis Baffa ya aiko min da saƙo a bakin wani direba: liman ya ce gobe Juma'a ce ta ƙarshe kafin azumi, in ladan bai hau ba, zai tabbatar wa masunci a gaban jama'a. Na roƙi hedimasta ya sallame ni, na sayi goro, washegari na kama hanya tun da hantsi.

Ni ne ɗan fari. A gidajenmu uba ba ya kiran sunan ɗan fari, ba ya zama hira da shi, in da hali ma ba ya duban idonsa. Maganar da ke tsakanina da Baba duk ba ta wuce tambaya da amsa ba, yana kallon wani wuri. Yanzu da fushi ya hau kan kunya, sai da Baffa ya shiga tsakani. Muka zauna mu uku a zaure kan tabarma ɗaya, gwiwata tana kusan taɓa tasa, amma magana sai ta bi ta kan Baffa.

Na ajiye goro, na sunkuyar da kai, na ce na yi laifi, a yafe min.

“Yaya, ya ce ya yi laifi,” in ji Baffa.

“Na ji. Ba kurma ba ne ni, kaza ce.”

Baffa ya dubi rufin zaure, ya ciji leɓe. Ƙirjin Baba yana ta kuka a hankali. Na zaro ɗan abin nan shuɗi da na karɓo daga kan kwanukan Inna, na ajiye kusa da goron. Na ce ba don ni ba, a gwada sau ɗaya.

Baba ya dube shi ta gefen ido. “Tambaye shi, me sunansa?”

Na faɗi sunan Turancin.

“Cewa na yi me sunansa.”

Wannan karon na gane. Na ce ba shi da suna tukuna.

“Kwana nawa ya yi a gidan nan?”

Na ce ya haura wata uku.

“Ka ji, ko?” Ya juya ga Baffa. “Abu ya wuce kwana bakwai a gidana ba a raɗa masa suna ba, kuma so suke in sa shi a bakina. In ya yi min aiki wa zan gode wa? In ya cuce ni wa zan kai ƙara?”

Baffa ya ce gaskiya ne, wannan sakaci ne babba, amma ai ba a raɗa wa abu suna sai an ga halinsa. Ban taɓa sanin Baffa yana da wayo ba sai ranar. Can sai Baba ya miƙa hannu. Na nuna yadda ake yi, ina yi wa Baffa bayani, Baffa yana maimaitawa. A fitar da numfashi duka. A sa a baki. A danna a ja.

Na farko ya danna kafin ya kai baki, ya feshe gemunsa. Na biyu ya shiga. Ya zabura, ya yi tari, idanunsa suka kawo ruwa, ya ce a'uzubillahi. Muka zauna ba mai motsi. Ana jin Inna tana daka a ciki. Can sai na lura akwai abin da ba na ji: kukan ƙirjin ya yi ƙasa. Baba ya ja numfashi a hankali, kamar mai taka gadar da bai yarda da ita ba. Ya sake ja, ya fi na farko tsawo. Ya dubi hannunsa, ya ga ba ya rawa irin ta da.

“Hm,” ya ce. Ya juya abin a tafinsa. “Ba sallama, ba gaisuwa, sai dai ya faɗo maka cikin maƙogwaro. Ba shi da ladabi ko kaɗan. Amma abin da ya zo da shi gaskiya ne.” Ya dubi bango. “Na san mai irin wannan hali. Sunansa Ɗan Boko.”

Baffa bai ɓata lokaci ba. Ya kwance goron da na kawo na ban haƙuri, ya ce ya zama goron suna, ya ɗaga hannu muka shafa fatiha. Ya leƙa cikin gida ya sanar da Inna, ta ce Allah ya raya. Kafin azahar ya zaga rabin gari yana raba goro, yana cewa an yi suna a gidan ladan. Har yau tsofaffin garinmu in sun je kemis neman wannan abin shaƙa, Ɗan Boko suke tambaya. Mai Zakara kuwa ya daɗe a bakin mutane bayan ƙwayar ta ɓace, har aka haifi waɗanda ke faɗarsa ba su san magani ba ne.

Da lokaci ya yi, masallaci ya cika har waje. Masuncin yana tsaye a gindin matakala ya naɗe hannun riga, sai ya ga Baba tafe. Yaron kirki ne, ya matsa, har ya kama masa gefen riga. Wani yaro daga baya ya fara cara, wanzami ya kai masa ranƙwashi, ta tsaya a rabi. Baba ya hau a hankali, ya juya baya ga jama'a ya yi abin da zai yi da Ɗan Boko, sannan ya fuskanci gabas ya toshe kunne.

Ina tsaye a ƙasa, na riƙe nawa numfashin. Ya wuce inda ya tsaya ran Larabar nan. Ya kai wurin da ake ja, ya ja, ya ci gaba da ja, har na ga wani kwalekwale can kan ruwa ya juyo da kai. Bai yanke ba sai da ya ga dama.

Ya sauko yana haki kaɗan. Mutane suka buɗa masa hanya zuwa sahun gaba. Da ya zo daidai inda nake sai ya tsaya. Bai nemi Baffa ba. A gaban liman da wanzami da duk waɗanda suka yi dariya, ya kamo hannuna, ya buɗe tafin, ya sa abin a ciki, ya dube ni ido cikin ido, abin da bai taɓa yi ba tun da na yi wayo.

Ya ce, “Riƙe min takwaranka, zan yi sallah.”